Geert Wilders da siyasar ƙyamar baƙi a Holan: tambayoyin da iyaye ke yi daga Gadarif zuwa Bur Sudan

Tun da yaƙi ya ɓarke a Sudan ranar 15 ga Afrilu 2023, gidajen Hausawa da yawa a Gadarif, Kasala, Sinnar da Damazin suna da ɗa ko ƙane da ya bi ta Masar ko Libiya ya tsallaka Turai. Wasu sun sauka Holan. Daga can suke turo saƙon murya, a cikinsa ake jin sunan wani mutum mai farin gashi, Geert Wilders, wanda suka ce ya tsani Musulmi kuma ya ci zaɓe. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda iyaye da matan aure suka fi maimaitawa a kansa.

Su wane ne waɗannan masu tsattsauran ra'ayin da ake ta ambata a labarai?

Tashoshin Larabci suna ce musu al-yamin al-mutaɗarrif, gidajen rediyon Hausa kuma masu ra'ayin riƙau ko masu ƙyamar baƙi. Aƙidarsu ta tsaya a kan cewa ƙasa mallakin wani jinsi ce guda, mai launi ɗaya da al'ada ɗaya, duk wanda ya zo daga baya baƙo ne ko da a nan aka haifi ubansa. A wurinsu tsadar haya, ƙarancin aiki, sata a unguwa, duk baƙo ne ya jawo. Suna kuma zargin manyan 'yan siyasa, alƙalai da 'yan jarida da haɗa baki wajen sayar da ƙasa.

Ba duka suka zama ɗaya ba. Akwai masu neman mulki ta akwatin zaɓe, akwai masu ɗaukar bindiga. Wilders yana cikin na farko. Yadda maganar na farkon ke ciyar da na biyun, an yi bayaninsa a tambayar da ta shafi kashe-kashe.

Shi Wilders ɗin, daga ina ya fito?

An haife shi a 1963 a garin Venlo, kusa da iyakar Jamus, a gidan mabiya ɗariƙar Katolika. Mahaifiyarsa a Indunusiya aka haife ta, lokacin da Holan ke mulkin mallaka a can. Ya shiga majalisar dokoki a 1998 ƙarƙashin jam'iyyar VVD ta 'yan kasuwa, ya fice daga cikinta a 2004 saboda ya ƙi yarda a shigar da Turkiyya Tarayyar Turai, sannan ya kafa tasa jam'iyyar, PVV, a 2006. Jam'iyyar nan ba ta da wani ɗan jam'iyya mai rajista sai shi kaɗai. Babu babban taro, babu zaɓen shugaba, shi ke ɗauko ɗan takara shi ke ajiye shi.

Kashe-kashe biyu ne suka share masa hanya. A watan Mayun 2002 wani Bature mai fafutukar kare dabbobi ya harbe Pim Fortuyn, ɗan siyasar da ya riga shi sukar Musulunci. Ranar 2 ga Nuwamba 2004 wani matashi ɗan asalin Maroko ya kashe Theo van Gogh, mai shirya fina-finai, da safe a kan titi a Amsterdam. Tun daga lokacin Wilders yake yawo da 'yan sanda dare da rana, kuma tun daga lokacin yake nuna wa jama'a masu gadin nasa a matsayin shaidar cewa abin da yake faɗa gaskiya ne. A zaɓen 2006 ya samu kujera 9 cikin 150. A 2010 ya samu 24.

Da gaske ne ya zagi addini? Ba kotu a ƙasar ne?

Da gaske ne. Ya nemi a haramta Alƙur'ani, a rufe masallatai da makarantun Islamiyya. A 2008 ya saki wani gajeren fim mai suna Fitna inda ya jera ayoyi kusa da hotunan hare-hare. A 2009 ya kawo shawarar a riƙa karɓar harajin yuro 1,000 a shekara daga duk macen da ta ɗaura ɗankwali. Ya buga wasu takardun liƙawa masu kamannin tutar Saudiyya, ya cire kalmar shahada ya sa zagi, abin da ya kai hukumomin Riyad ga barazanar janye hulɗar kasuwanci da kamfanonin Holan a 2014. A 2018 ya shirya gasar zanen ɓatanci ga Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, daga baya ya soke ta bayan zanga-zanga a Pakistan.

Kotu akwai, sai dai dokarsu ta raba sukar addini da cin zarafin mutane. A 2011 kotu ta wanke shi, ta ce addini ya soka. A watan Maris na 2014 kuwa, a wani taro a birnin Lahai (wanda duk ɗan Sudan ya san sunansa saboda kotun da ta nemi al-Bashir), ya tambayi magoya bayansa ko suna son 'yan Maroko su ƙaru ko su ragu. Suka amsa da ihu cewa su ragu, ya ce za a san yadda za a yi. A kan wannan aka same shi da laifi a 2016, kotun ƙoli ta tabbatar a 2021 cewa ya ci mutuncin wata al'umma. Ba a ɗaure shi ba, ba a ci shi tara ba.

Yaya aka yi mutum irin wannan ya zo na ɗaya a 2023?

Wannan ita ce tambayar da ta fi cancantar a tsaya a kanta, domin amsarta ba ƙiyayya kaɗai ba ce. Holan ƙasa ce ƙarama mai mutum kusan miliyan 18, kuma tana da ƙarancin gidaje kimanin 400,000. Matashi ya gama karatu, yana aiki, ya kai shekara talatin yana ɗakin iyayensa, ya yi shekaru a layin gidan gwamnati mai sauƙin haya. Sai a ce masa an bai wa ɗan gudun hijira gida kafin shi. Ba zai tsaya lissafin gidajen da gwamnatoci suka ƙi ginawa shekara da shekaru ba. Ga tsadar gas da abinci bayan yaƙin Yukiren, ga manoma suna fushi da dokokin rage dabbobi, ga badaƙalar kuɗin tallafin yara inda hukumar haraji ta ɗora wa dubban iyalai laifin zamba ba gaira ba dalili, har gwamnati ta yi murabus a Janairun 2021. Jama'a sun yanke ƙauna daga tsofaffin jam'iyyu.

A watan Yulin 2023 gwamnatin Mark Rutte ta rushe saboda saɓani kan ko 'yan gudun hijirar yaƙi za su iya kawo iyalansu. Wannan ya sa batun baƙi ya zama shi ne zaɓen. Sabuwar shugabar VVD, Dilan Yeşilgöz, wadda ita kanta tana yarinya ta zo daga Turkiyya a matsayin 'yar gudun hijira, ta ce ba ta rufe ƙofar haɗa gwamnati da Wilders ba. A ganina nan aka yi babban kuskure. Shekaru da dama mai zaɓe ya san ƙuri'ar da ya bai wa Wilders ba za ta kai shi mulki ba. Ranar da aka ce za ta iya kaiwa, sai ta yi daraja. Shi kuma ya sassauta murya, ya ce maganar Musulunci zai ajiye ta gefe tukuna.

Ranar 22 ga Nuwamba 2023 ya tashi da kujera 37, haɗakar jam'iyyun ma'aikata da masu kare muhalli ƙarƙashin Frans Timmermans ta zo ta biyu da 25. A shekarar, masu neman mafaka karon farko kimanin 38,000 ne, adadin da bai kama ƙafar ma'aikata da ɗaliban da suka shigo daga Turai da sauran wurare ba. Amma ma'aikacin Folan da ke tsinkar tumatir ba shi ake nunawa a talabijin ba.

To in ya ci zaɓe, me ya hana shi zama firaminista?

Gwamnati tana buƙatar kujera 76, shi kuma 37 yake da su. Jam'iyyu uku, VVD, NSC da BBB, suka yarda su haɗu da shi bisa sharaɗin ba shi zai hau kujerar ba, kuma ya janye ƙudurorinsa na hana Alƙur'ani da masallatai. Ya janye su a Janairun 2024. Aka ɗauko Dick Schoof, tsohon shugaban hukumar leƙen asiri wanda ba ya cikin kowace jam'iyya, aka rantsar da shi ranar 2 ga Yuli 2024. Ma'aikatar mafaka ta faɗa hannun Marjolein Faber ta PVV, matar da ta ƙi sa hannu a ba wasu 'yan sa-kai biyar lambar girmamawa saboda aikinsu taimakon masu neman mafaka ne. Gwamnatin ba ta cika shekara ba: ranar 3 ga Yuni 2025 Wilders ya janye ministocinsa, yana cewa ba a tsananta wa baƙi yadda yake so ba.

Malam, ɗana yana Ter Apel yana jiran takarda. Za su ɗauko shi su dawo da shi cikin yaƙi?

Hajiya, ki kwantar da hankalinki. Ɗan siyasa ba shi ke yanke hukunci kan fayil ɗin ɗanki ba. Hukumar shige da fice ta IND ce ke yi masa tambayoyi ta yanke, in ta ƙi yana da damar zuwa kotu, kuma gwamnati ke biyan lauyansa. Holan ta sa hannu a yarjejeniyar 'yan gudun hijira ta 1951 da yarjejeniyar kare haƙƙin ɗan'adam ta Turai, dukkansu sun hana mayar da mutum inda rayuwarsa ke cikin haɗari.

Abin da ya kamata ki tambaye shi shi ne a ina aka fara ɗaukar zanen yatsunsa. Dokar Turai ta ce ƙasar da mutum ya fara shiga ita ke da alhakin fayil ɗinsa, don haka wanda aka yi wa rajista a wata ƙasa yana iya fuskantar a ce ya koma can. Ki kuma ja masa kunne kada ya ari labarin wani. Yaran suna koya wa juna abin da za a faɗa, a ƙarshe mutum goma su kawo labari iri ɗaya, jami'i ya ƙi yarda da duka. Ya faɗi unguwarsu, ranar da suka fita, hanyar da suka bi, wanda aka rasa. In yana da hoton katin ɗan ƙasa ko takardar makaranta a waya, ya adana kwafi a wuri fiye da ɗaya.

Wahalar da zai sha ta jira ce, kuma ba ƙarama ba ce. Ter Apel wani ƙauye ne a arewacin ƙasar inda ake fara rajista, kuma a watan Agustan 2022 mutum kusan 700 suka riƙa kwana a kan ciyawa bakin ƙofarsa, har ƙungiyar likitoci ta MSF ta tura ma'aikata, karon farko da ta yi aiki a cikin Holan. Wannan ya faru tun kafin Wilders ya ci zaɓe.

Mijina ya samu takarda. Yanzu zai iya ɗaukar mu ni da yara?

Nan ne siyasar ta fi cizo, 'yar'uwa. Ƙa'idar da aka saba ita ce wanda ya samu mafaka ya shigar da buƙatar kawo matarsa da ƙananan 'ya'yansa cikin wata 3 da samun takarda. Gwamnatin Schoof ta kawo dokoki da za su raba masu mafaka gida biyu: wanda ake farauta shi da kansa saboda addini ko siyasa ko ƙabila, da wanda ya gudo daga yaƙi. Na biyun sai ya jira shekara 2, ya nuna gida da kuɗin shiga, kafin a saurari maganar iyalinsa. Takardar zama za ta koma shekara 3 maimakon 5, ta dindindin kuma a soke ta. Majalisar wakilai ta amince da waɗannan a Yulin 2025, wata guda bayan Wilders ya bar gwamnati, kuma da ƙuri'un wasu jam'iyyun da ake kira masu matsakaicin ra'ayi.

Doka a can tana bi ta majalisar dattawa kafin ta fara aiki, saboda haka mijinki ya tambayi lauyansa ko ofishin ƙungiyar taimakon 'yan gudun hijira ta VluchtelingenWerk da ke sansaninsu wace ƙa'ida ce ta hau kan fayil ɗinsa. Kada ya bari wata ukun nan su wuce yana jiran takardar aure ta iso daga Sudan. Ya shigar da buƙatar, takardu su biyo baya.

Za a rufe masallatai? An hana hijabi?

A'a. Sashe na 1 na tsarin mulkinsu ya haramta nuna bambanci saboda addini ko launi, sashe na 6 ya ba da 'yancin ibada, kuma canza tsarin mulki yana buƙatar amincewar majalisa sau biyu, na biyun da kashi biyu cikin uku bayan sabon zaɓe. Musulmi a ƙasar sun kai kusan miliyan ɗaya, masallatai ɗaruruwa ne, ana Juma'a ana Idi. Abin da aka hana tun 1 ga Agusta 2019 shi ne rufe fuska a makarantu, asibitoci, motocin haya na gwamnati da ofisoshin hukuma. Hijabi da ɗankwali ba sa ciki.

Ke nan duk Turawan Holan sun tsane mu?

Kusan mutum uku cikin huɗu na waɗanda suka yi zaɓen 2023 ba Wilders suka zaɓa ba. Ahmed Aboutaleb, ɗan limami da aka haifa a Maroko, ya riƙe magajin garin Rotterdam daga 2009 zuwa 2024. Khadija Arib, ita ma haifaffiyar Maroko, ta shugabanci majalisar wakilai daga 2016 zuwa 2021. A sansanoni za ka tarar da tsofaffi 'yan fansho suna zuwa koya wa yaranmu yaren ƙasar kyauta, suna gyara musu keke. Wariya kuma tana nan, a wajen neman haya da neman aiki, kuma a badaƙalar tallafin yara da aka ambata a sama an gano cewa samun shaidar ƙasa biyu yana cikin abin da ya sa aka zargi mutane.

Holan ce kaɗai, ko sauran ƙasashen ma haka ne?

Iskar ɗaya ce ke kaɗawa. Giorgia Meloni ta zama firaministar Italiya a Oktoban 2022. Marine Le Pen ta samu sama da kashi 41 cikin ɗari a zagaye na biyu na zaɓen shugaban Faransa a 2022. A Jamus, jam'iyyar AfD mai ƙyamar baƙi ta zo ta biyu a Fabrairun 2025 da kusan kashi 21. Wanda ke tunanin barin Holan ya gwada maƙwabciyarta saboda Wilders, ya koma ya karanta abin da aka ce kan zanen yatsu.

Ai magana ce kawai yake yi. Me ya sa ake haɗa shi da kashe-kashe?

Wilders bai taɓa umartar kowa ya kashe wani ba, kuma yakan yi tir da hare-hare. Amma wanda ya yi shekara ashirin yana gaya wa mutane cewa ana mamaye su, ana shirin maye gurbinsu, wata rana za a samu wanda zai ɗauki maganar da gaske ya nemi makami. Mutumin da ya kashe mutum 77 a Norwe ranar 22 ga Yuli 2011, da wanda ya kashe masallata 51 a Christchurch ta New Zealand ranar Juma'a 15 ga Maris 2019, kowannensu ya bar rubutu cike da wannan zance na mamaya. A Ingila, a watan Agustan 2024, ƙarya guda da aka yaɗa a intanet cewa wani Musulmi mai neman mafaka ne ya kashe yara ta sa gungun mutane suka yi ƙoƙarin cinna wa otal ɗin da masu neman mafaka ke ciki wuta.

Mu Hausawan Sudan ba mu buƙatar a je Turai a kawo mana misali. Kakanninmu sun sauka bakin Nilu bayan yaƙin Burmi na 1903, suka kafa Mai Wurno, wasu sun riga su zuwa a kan hanyar Hajji. Mun noma audugar Jazira, mun noma riɗi da dawar Gadarif. Duk da haka, wane ne a cikinmu bai san dattijon da ya je neman jinsiyya aka ce ya ƙaro shaidu ba, alhali a garin aka binne kakansa? A Yulin 2022, da Hausawan jihar Blue Nile suka nemi a ba su sarautar gargajiya tasu, amsar da ta cika Facebook ita ce baƙi ba su da ƙasa. Ba a daɗe ba aka fara ɗaukar gawa a Rusairis da kewaye, sama da mutum 100 a watan, sannan kimanin 200 a Wad al-Mahi cikin Oktoba. An kashe namu, an kashe na maƙwabta, an ƙone gidaje ta kowane ɓangare. Kalmar baƙo tana kwanciya shekaru kamar wuta a ƙarƙashin toka, har ranar da za a yi rigimar gona ko kujera.

Shi ya sa nake jin ciwo idan na ji wani namu, da bakinsa, yana cewa wata ƙabila ta yamma ko ta kudu ba 'yan Sudan ba ne, a kore su. Yaƙin nan ya sa irin wannan magana ta zama ruwan dare a kowane ɓangare. Zancen Wilders ne da Larabci ko da Hausa.

An turo mana bidiyon wani yana yaga Alƙur'ani a Holan. Me za mu gaya wa yaranmu da ke can?

Ya faru, a gaban majalisa a Lahai a Janairun 2023, kuma wanda ya yi shugaban wata ƙaramar ƙungiya ce mai ƙyamar Musulunci. Zuciyar kowane Musulmi za ta yi zafi. Sai dai mai yin haka kyamara yake kawowa, yana jiran matashi baƙar fata ya ɗauki dutse. Kisan Van Gogh bai kare martabar addini da komai ba: wanda ya yi shi yana ɗaurin rai da rai, Musulmin ƙasar sun ga an kai wa masallatai da makarantunsu hari a makonnin da suka biyo baya, Wilders kuma ya samu abin da yake ci har yau. Yaron da ke jiran takarda, laifi ɗaya na duka ko barazana, ko da a rubuce ne a intanet, yana iya rusa masa fayil.

Ku ce su bi shawarar limaman masallatan garinsu, waɗanda suka san yadda ake neman izinin zanga-zanga da shigar da ƙara. Wanda aka zaga ko aka hana shi aiki saboda launinsa, kowace ƙaramar hukuma tana da ofishin karɓar koken wariya. In abin ya kai duka, lambar gaggawa 112 ce. Wanda ya cika shekara 5 da takardar zama yana da ƙuri'a a zaɓen ƙananan hukumomi ko bai zama ɗan ƙasa ba, kuma a can ake yanke shawarar inda za a gina gidaje da sansanoni. Ku kuma, don Allah, ku daina tura bidiyon daga wannan zaure na WhatsApp zuwa wancan.

Mun ji ya faɗi zaɓen 2025. Abin ya wuce ke nan?

A zaɓen 29 ga Oktoba 2025 PVV ta sauko daga kujera 37 zuwa 26, jam'iyyar D66 ta Rob Jetten ta samu 26 ita ma, ta ɗara shi da ƙuri'u kaɗan, kuma manyan jam'iyyu suka ce ba za su sake haɗa gwamnati da shi ba. Amma a duba inda kujerun suka koma. JA21 ta tashi daga 1 zuwa 9, FvD daga 3 zuwa 7, dukkansu masu irin ra'ayinsa kan baƙi. In aka haɗa ukun, a 2023 kujera 41 suke da su, a 2025 kuma 42. Sabuwar yarjejeniyar Tarayyar Turai kan mafaka, wadda aka amince da ita a 2024 aka tsayar da Yunin 2026 don fara aiki da ita, ta tanadi tantance mutane da tsare wasunsu tun daga bakin iyaka, kuma jam'iyyun tsakiya ne suka rubuta ta.